Tunda Kun Ce Amurka, To Mu Je Amurkar



Akwai wata magana da ta zama yayi a bakin masu tallar 'yan takara, kuma gaskiya ta ishe ni. Da zarar ka tambayi me mutum ya taɓa yi wa jama'a, sai a zaro maka kwali. Wai ai tsohon soja ne, ya san horo. Wai ai lauya ne, ya san doka. In ka ƙara tambaya sai a ɗaga maka hanci, a ce je ka duba Amurka, can gwamnonin da suka gina jihohinsu daga bariki suka fito, suka bi ta kotu, sannan suka shiga gidan gwamnati, shi ya sa ƙasarsu ta miƙe. Ana faɗar haka ne don a rufe mana baki, mu da ba mu taɓa sa kaki ba, ba mu kuma da hular gashin nan ta lauyoyi.

To tunda kun ce Amurka, mu je Amurkar.

Rabin maganarku gaskiya ne, ba zan hana ku shi ba. In ka jera tsofaffin gwamnonin jihohin Amurka za ka yi ta cin karo da hanya iri ɗaya: soja, lauya, mai gabatar da ƙara, gwamna. Abin da ba kwa faɗa wa mutane shi ne dalili. A yaƙin duniya na biyu kaɗai Amurkawa wajen miliyan 16 ne suka sa kaki, a ƙasar da ƙidayar 1940 ta ce mutanenta miliyan 132 ne, kuma da yawansu dokar tilas ce ta kwashe su. Ƙasar da aka yi wa samarinta irin wannan kwasa, ko shugaban 'yan tasha za ka zaɓa a 1946, da wuya ka samu wanda bai taɓa riƙe bindiga ba. Sannan a 1944 Shugaba Roosevelt ya sa hannu a dokar da ta ɗauki nauyin karatun sojojin da suka dawo, sai suka cika jami'o'i, har da makarantun koyon lauya.

Shi kuma aikin lauya a can ƙofar siyasa ce tun asali. A yawancin jihohi da ƙuri'a ake zaɓar mai gabatar da ƙara na gunduma, kuma a jihohi 43 cikin 50 jama'a ne ke zaɓar antoni janar na jiha. Mu da muka kwafo tsarin shugaba mai cikakken iko daga wurinsu a 1979 ba mu kwafo wannan ba, gwamna ne ke naɗa nasa. Don haka saurayi mai burin mulki a can, ofishin lauyan gwamnati ne wurin da yake fara buga fasta. Kun ga kenan tsani ne. Tsani kuwa bai san mai hawansa ba, da mai gyaran rufi da ɓarawo duk shi suke takawa.

Bari in fara da mutumin da ya fi dacewa da hujjarku, kada ku ce na ɓoye shi. Sid McMath na jihar Arkansas. Ya gama karatun lauya a 1936, ya yi yaƙi a tsibiran tekun Fasifik cikin rundunar ƙundunbalar nan da ake fara jefawa bakin gaɓa, ya dawo da lambobin yabo. Garinsu Hot Springs a lokacin matattarar caca ce, kuma mutum ɗaya ke riƙe da shi, magajin gari Leo McLaughlin, wanda ya hau tun 1927. Yadda yake cin zaɓe zai ba ku sha'awa. A wancan zamanin sai ka biya harajin zaɓe an ba ka rasit kafin ka jefa ƙuri'a. Sai yaran oga su sayi rasit ɗin a dunƙule da sunayen mutane barkatai, ranar zaɓe a raba wa waɗanda za su dangwala. Ba sai na yi muku fassara ba, kun gane karatun.

A 1946 McMath ya tara 'yan uwansa tsofaffin sojoji suka tsaya takarar kujerun gunduma. A zaɓen fid da gwani shi kaɗai ya tsira, ya samu tikitin mai gabatar da ƙara. Ba su ɗauki makami ba duk da sun iya shi. Kotun tarayya suka nufa, aka soke tarin rasit ɗin bogi, sauran abokansa suka sake tsayawa a matsayin 'yan takara masu zaman kansu a babban zaɓe, suka kwashe kujerun. McLaughlin bai sake neman kujerarsa ba. An gurfanar da shi, ba a same shi da laifi ba, amma mulkinsa ya ƙare. Shekara biyu bayan haka McMath ya ci gwamna, ya hau a Janairun 1949 yana da shekara 36. Ya shimfiɗa tituna, ya tsaya kai da fata sai an kai wutar lantarki ƙauyuka ta hannun ƙungiyoyin manoma, abin da ya haɗa shi faɗa da babban kamfanin wuta na jihar. Ya naɗa baƙar fata a hukumomin jiha a lokacin da yin haka a kudancin Amurka kashe kai ne a siyasa. Ya nemi a soke harajin zaɓen ma baki ɗaya, majalisa ta ƙi.

Me ya samu? An kafa kwamitin binciken ma'aikatar hanyoyi, aka zargi gwamnatinsa da tatsar 'yan kwangila kuɗin kamfe. Shi kansa ba a taɓa gurfanar da shi ba, amma tabon ya kama, ya faɗi a 1952. Ya nemi sanata a 1954 ya faɗi.

Yanzu ku riƙe wannan da kyau. Cikin yaran da McMath ya jawo jikinsa ya ba su muƙami akwai wani Orval Faubus, shi ma tsohon soja, manjo a yaƙin Turai. Wannan Faubus ɗin ne ya zama gwamna a 1955, kuma shi ne a Satumban 1957 ya tura dakarun jiha ƙofar wata sakandare a birnin Little Rock don su hana yara tara baƙar fata shiga aji, bayan kotu ta ce a bar su su shiga. Sai da Shugaba Eisenhower ya turo sojojin tarayya suka raka yaran. McMath ya fito fili ya yi tir da yaronsa. A 1962 ya tsaya takara da shi, jama'a suka zaɓi Faubus. Wa'adi shida Faubus ya yi, shekara 12 cur.

Gida ɗaya, yaƙi ɗaya, kaki ɗaya. Don Allah ku faɗa mini, wanne daga cikinsu ne kakin ya yi wa tarbiyya?

Za ku ce ai Faubus ba lauya ba ne. Na ji. Mu tsallaka jihar Alabama, inda za mu samu wanda ya haɗa duka biyun, kuma labarinsa ya fara kamar na McMath sak, har ya fi shi ban tausayi. John Patterson ya yi yaƙi a arewacin Afirka da Italiya, ya fito da muƙamin manjo, ya gama lauya a 1949. Garin da suke zaune, Phenix City, yana tsallaken kogi da wani ƙaton barikin soja, kuma caca da karuwanci ne abincin garin, 'yan sanda da lauyoyin gwamnati duk suna da kaso. Mahaifinsa Albert Patterson, lauya, ya ci tikitin antoni janar na jiha da alkawarin zai share garin. Ranar 18 ga Yunin 1954 aka harbe shi a kusa da ofishinsa. Kun san su wa aka tuhuma? Mataimakin shugaban 'yan sandan gunduma, wanda aka yi wa ɗaurin rai da rai. Mai gabatar da ƙara na yankin, wanda kotu ta sallama. Da kuma antoni janar na jihar mai ci a lokacin, Si Garrett, wanda ya shige asibitin masu taɓin hankali, ba a taɓa yi masa shari'ar ba. Biyu daga cikin ukun nan lauyoyi ne fa, masu kwali, masu rantsuwar kare doka.

Ɗan ya gaji tikitin uban, ya zama antoni janar a 1955. Jama'a na ƙaunarsa, maraya ne da ya tashi ɗaukar fansa ta hanyar doka. In da a lokacin Facebook yana nan, da hotonsa ne a kowane shafi, da ku ne za ku fara cewa ga matashi, ga soja, ga lauya, me kuma ake nema?

To ga abin da ya yi da dokar. A 1956 ya je kotu ya samo umarnin hana ƙungiyar NAACP, mai kare haƙƙin baƙar fata, yin aiki a Alabama. Ya nemi a ba shi sunayen mambobinta, a jihar da bayyana sunan mutum yana nufin korarsa daga aiki ko ƙona masa gida. Da suka ƙi, aka ci su tarar dala dubu 100. Kotun ƙolin Amurka ta ba ƙungiyar gaskiya a 1958, amma da dabarun lauyoyi aka yi ta jan ƙafa, ba ta koma aiki a jihar ba sai 1964. Wannan ba aikin jahili ba ne. Sai wanda ya san lungunan doka ne zai iya riƙe hukuncin kotun ƙoli a aljihu shekara da shekaru. A 1958 ya ci gwamna da goyon bayan 'yan Ku Klux Klan. A 1960 ya sa aka kori ɗaliban kwaleji don sun zauna a wurin cin abincin da aka ware wa farar fata. A Mayun 1961 gungun mutane suka lakaɗa wa matasa masu fafutukar 'yanci duka a tashar mota ta Montgomery, babban birnin jiharsa, 'yan sanda ba su zo da wuri ba, sai da gwamnatin Kennedy ta turo jami'an tarayya. Daga baya ya zama alƙalin kotun ɗaukaka ƙara, ya tsufa, ya nuna nadama, ya mutu a 2021 yana da shekara 99. Nadamar ba ta mayar da ɗaliban nan aji ba.

Wanda ya kayar a 1958 ɗin kuwa shi ne George Wallace: lauya, sojan sama da ya yi aiki a jiragen da suka yi ruwan bama-bamai a Japan, ɗan majalisar jiha, alƙali. A zaɓen da ya faɗi shi ne mai sassauci. Da ya ga sassauci bai kawo ƙuri'a ba sai ya juya riga, ya fi Patterson zafi, ya ci a 1962. Ranar 11 ga Yunin 1963 ya tsaya da kansa a ƙofar jami'ar Alabama don ya tare ɗalibai biyu baƙar fata. Da tsarin mulkin jiha ya hana shi zarcewa, sai ya tsayar da matarsa Lurleen a 1966, ta ci, yana mulki ta bayan labule har ciwon daji ya kashe ta a 1968. Tsohon alƙali kenan. In wani ya yi wannan a nan, ku ne za ku fara cewa rashin ilimi ne.

Na san za a ce ai waɗannan 'yan kudu ne, wariyar launin fata ce ta ruɗe su, ka kawo na arewa. Madalla. Ga Otto Kerner na jihar Illinois, wanda in kwali ake bi babu mai kama ƙafarsa. Ubansa antoni janar ne na jiha, daga baya alƙalin tarayya. Matarsa 'yar magajin garin Chicago ce. Shi kansa lauya tun 1934, ya yi yaƙin duniya, ya kai manjo janar a dakarun jiha. Ya zama babban mai gabatar da ƙara na tarayya a Chicago, ya zama alƙali, ya yi gwamna daga 1961 zuwa 1968. Shi Shugaba Johnson ya ɗora a kan kwamitin da ya binciki tarzomar biranen Amurka, kuma rahoton da suka fitar a 1968 ya faɗi gaskiya mai ɗaci game da yadda ake danne baƙar fata, har yau ana karanta shi. Daga nan aka naɗa shi alƙalin kotun ɗaukaka ƙara ta tarayya.

A 1973 aka same shi da laifi. Yana gwamna an sayar masa da hannun jarin filin sukuwar dawaki a farashin banza, ya juyar ya ci ƙazamar riba, alhali gwamnatinsa ce ke raba wa filayen ranakun sukuwa. Shekara uku aka yanke masa. Janar, alƙali, gwamna, ɗan gidan manya, ya tafi gidan yari. Shi kuma Dan Walker, wanda ya hau kujerar a shekarar da aka yanke wa Kerner hukunci, ya fito ne daga makarantar horar da hafsoshin sojan ruwa, lauya ne, kuma ya taka jihar da ƙafa mil 1,197 yana kamfe don a ga shi na talakawa ne. A 1987, bayan ya bar mulki, ya amsa laifin zambar banki, shi ma ya shiga. Gwamnonin Illinois huɗu ne suka kwana a kurkuku tun daga Kerner, uku daga cikinsu lauyoyi.

Kada wani ya tashi ya ce wai na zagi sojoji ko na raina karatu. Haba. Wanda ya tsaya gaban harsashi don ƙasarsa ya cancanci girmamawa, kuma ilimin doka shi ne makamin da McMath ya karya McLaughlin da shi. Lauyan da ya gurfanar da Kerner ma, James Thompson, daga baya shi ya zama gwamna har shekara 14. Abin da nake ƙi shi ne a maida kwali shaidar hali. Wuƙar da mahauci ke fawa da ita, ita ɗan daba ke ɗauka. Kwali yana gaya maka abin da mutum ya iya. Abin da zai yi da iyawar ranar da gaskiya ta zo da tsada, wannan sai ka bi sawunsa: wa ya kare lokacin da yake da ofis, wa ya danne, kuɗin wa ya karɓa, me ya ce ranar da ubangidansa ya yi ba daidai ba. Waɗannan tambayoyin ne ake so mu daina yi, shi ya sa ake kaɗa mana lambobin kafaɗa. Ai ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare.

Kuma ba yau abin ya fara ba. Mu koma baya shekara ɗari kafin su Wallace, wurin Sam Houston, wanda babban birnin nan na Houston ke ɗauke da sunansa. Ya shiga soja a 1813, a 1814 kibiya ta soke shi a cinya, harsasai suka same shi a kafaɗa. Karatun lauyansa kuwa, ku da kuke taƙama da kwali, wata shida ne a ofishin wani alƙali a Nashville, don a zamanin haka ake yi, kamar yaron shago da ubangidansa. Daga nan ya zama mai gabatar da ƙara, ya je majalisar tarayya, ya zama gwamnan Tennessee a 1827. Ya ajiye kujerar a 1829 bayan aurensa ya mutu, ya koma zama cikin ƙabilar Cherokee. Sai ga shi a Texas yana jagorantar mayaƙan da suka ci sojan Meziko a San Jacinto ranar 21 ga Afrilun 1836. Ya shugabanci Texas sau biyu tana ƙasa mai cin gashin kanta, ya yi sanata bayan ta shiga Amurka, ya zama gwamnanta a 1859. Shi kaɗai ne a tarihinsu aka zaɓa gwamna a jihohi biyu.

Ba waliyyi ba ne. Yana da bayi, kuma bai 'yanta su ba har yaƙi ya zo. Amma da jihohin kudu suka tashi ɓallewa daga Amurka don su ci gaba da riƙe bayi, ya ce ba da shi ba, ya yi ta gargaɗin cewa yaƙi ne za a jawo kuma kudu ce za ta sha ƙasa. Aka kira shi maci amana. Babban taron ɓallewar Texas, wanda alƙalin kotun ƙolin jihar ya shugabanta, ya umarci duk mai riƙe da muƙami ya zo ya yi rantsuwar biyayya ga sabuwar ƙasar. Ranar 16 ga Maris 1861 aka kira sunan Houston sau uku, bai amsa ba. Aka ce kujerarsa ta zama babu kowa. An yi masa tayin sojojin tarayya su riƙe masa ita da ƙarfi, ya ƙi, don ba ya son jinin 'yan jiharsa ya zuba saboda shi. Ya tattara kayansa ya bar gidan gwamnati. Ɗansa na cikinsa ya shiga rundunar 'yan tawayen. Ya mutu a garin Huntsville a Yulin 1863 yana da shekara 70, yaƙin da ya yi gargaɗi a kai yana tsakiyar ci.

Da ya ƙi amsawa, wani ne ya matso ya ɗaga hannu ya yi rantsuwar, ya zauna a kujerar. Mataimakinsa ne, Edward Clark. Ku je ku duba kwalinsa, ku masu son kwali: lauya ne, tsohon soja ne da ya yi yaƙin Meziko, tsohon ɗan majalisa, tsohon sakataren gwamnatin jiha. Babu abin da ya rasa a cikin abubuwan da kuke lissafa mana. Ya aika 'yan Texas fagen fama, shi ma ya bi su da muƙamin kanar, da aka ci su da yaƙi a 1865 ya tsallake iyaka ya gudu Meziko.